Kujerar katako ta yaran da ba su iya zama ba: aikin kafintocin Zariya ya yi, amma a sa ido kan awo da bel

A gidaje da yawa cikin Zariya, yaron da ya kai shekara 2 ko 3 bai riƙe wuya ba wurin zamansa uku ne: tabarma, bayan uwa, ko bahon wanki da aka cusa wa tsofaffin zannuwa. Kujerar da kamfanonin waje ke yi wa irin waɗannan yara da dala ake lissafin kuɗinta, kuma in ƙarfe ɗaya ya karye a jikinta sai a jingine ta a zaure, don babu inda za a samo madadinsa. Wannan ya sa iyaye suka koma wajen kafinta. Akwai 'yan shaguna a Tudun Wada da Sabon Gari da suka saba da aikin, kuma kujerun da ke fitowa daga cikinsu kusan ƙira ɗaya ce: mazauni, jingina, madogarar kai, matakin ƙafa, da ɗan tebur a gaba. Ita ce muke dubawa a nan.

Ra'ayinmu shi ne ta cancanci kuɗinta. Aikin katakon yana da ƙarko, gyaransa yana nan cikin unguwa, kuma yaron da aka zaunar daidai yana samun abin da tabarma ba za ta ba shi ba: ya ga fuskar mutane maimakon rufin ɗaki, hannayensa su zo gaba, haɗiya ta yi masa sauƙi. Amma kujerar da aka karɓo yadda kafinta ya ga dama, ba tare da awon jikin yaron ba, tana iya yin ɓarnar da ta fi amfaninta. Wurare biyu ne ake yawan kuskure, zurfin mazauni da inda ake kafa bel.

Yawancin odar daga waya take farawa. Uwa ta ga bidiyon wani yaro a ƙasar waje zaune a kujerarsa, ta ɗauki hoton, ta kai shago ta ce a yi mata irinta. Finafinan gaskiya da ake yi kan yara masu nakasa sun yi rana a nan, don sun rage wa iyaye kunyar fito da 'ya'yansu. 'Yar wasan Ingila Sally Phillips, wadda ɗanta ke da larurar Down (larura ce da ake haihuwar yaro da ita), ta gabatar da irin wannan fim a BBC a 2016, aka yi ta muhawara a kansa. Sai dai larurorin ba ɗaya ba ne, kuma hoto ba ya faɗin haka. Yaro mai larurar Down jikinsa laƙwas yake, yana jinkirin zama da tafiya, amma galibi yana kaiwa, don haka ba kasafai yake daɗewa yana bukatar wannan kujera ba. Wanda aka fi yi wa ita shi ne yaron da ƙwaƙwalwarsa ta samu rauni tun yana jariri, larurar da ma'aikatan asibiti ke taƙaitawa da CP. A ƙasar nan manyan dalilanta sanannu ne: doguwar naƙuda da ta sa jariri bai yi kuka da wuri ba, shawarar jarirai da ta yi tsanani a makon farko ba a kai shi an sa shi a wutar asibiti ba, sanƙarau, da zazzaɓin cizon sauro da ya hau kai. Masu gashin ƙashi na asibiti, wato ma'aikatan da ke motsa wa marasa lafiya gaɓɓai, suna kasa ƙarfin larurar mataki 5. Yaran mataki na 4 da na 5, waɗanda ba sa zama sai an tallafe su, su ne masu wannan kujera. Ko a cikinsu akwai mai sandarewa yana harɗe ƙafafu, akwai mai banƙarewa baya, akwai wanda jikinsa ba ya daina motsi, wanda aka fi gani bayan shawara. Kowanne da irin tallafin da yake so.

Ta fuskar katako ba mu da ƙorafi mai yawa. Rabin fallen filawud, wato rabin mai ƙafa 4 da ƙafa 8, ya ishi kujerar yaro ɗan shekara 3 zuwa 6 har da teburinta. A nemi mai kaurin milimita 18 don mazauni da gefuna. Mai milimita 12 ya isa jingina da tebur, amma in aka yi mazauni da shi yana lanƙwasa a tsakiya. Shagunan da suka san aikin suna haɗawa da gam da ƙusa mai zare, kuma suna goge kowane gefe da sanfefa har hannu ya bi bai ji kaifi ba. Inda aka buga ƙusa zalla, yaro mai banƙarewa yana girgiza kujerar har ta fara ƙara cikin 'yan watanni. Abu ɗaya da sai an tuna musu shi ne bakin filawud ɗin. Nan ne yake shan ruwa, fitsari ko ruwan wanke tsakar gida, ya kumbura ya rabu falle-falle. A shafe shi da banis sau 3, a kuma sa wa kujerar 'yan ƙafafun katako mai ƙarfi don kada filawud ya zauna kai tsaye a siminti.

Awo kuwa, a nan ake yin ta. Maganar da aka fi ji a bakin shago ita ce, "Malam, a ɗan ƙara masa girma, ai yaro girma yake yi." Shi kuma kafinta ya ce, "To Hajiya, an gama," ya ƙara inci 3 a faɗi, inci 3 a zurfi. Niyyar mai kyau ce, kuɗi ba sa zuwa da sauƙi, kuma haka ake ɗinka wa yara kayan sallah. Amma kujera ba riga ba ce. In mazauni ya fi cinyar yaro tsawo, bakinsa zai tokare bayan gwiwa kafin mazaunan yaron su kai jingina. Sai ƙugunsa ya kwanta baya, bayansa ya ranƙwafa kamar baka, haɓarsa ta faɗo ƙirji ko kuma kansa ya wuntsila baya, ya fara sulɓewa gaba a hankali. Uwa ta gyara shi, bayan minti 5 ya koma. Daga nan a ce yaron ne ba ya son kujerar. In kuma faɗi ne ya yi yawa, zai karkata gefe guda, kullum gefen nan, kuma yaron da ke wuni a karkace ƙashin bayansa yana bin wannan karkatar.

Ga yadda ake awon. A zaunar da yaro a benci mai tauri, ba katifa ba, mutum ɗaya ya riƙe shi daga baya ƙugunsa a tsaye, ƙafafunsa a kan wani abu. A yi amfani da tef ɗin ƙarfe na kafinta, don na tela yana lanƙwasa ya ƙara awo. Faɗin ƙugu: a dafa littafi ko guntun allo a kowane gefe, a auna tsakaninsu. Wannan shi ne faɗin mazauni bayan an sa soso, ba kafin a sa ba, kuma nan ma kafintoci kan manta su bar wa soson wuri. Zurfi: daga bayan mazaunai zuwa bayan gwiwa, a cire faɗin yatsu biyu, kamar santimita 3. A auna ƙafafun biyu, in ɗaya ta fi gajarta a bi gajeriyar. Daga bayan gwiwa zuwa diddige, da takalmin da yake sawa, shi ne tsayin matakin ƙafa. Sai daga mazauni zuwa hammata don tallafin gefe, zuwa saman kafaɗa don jingina, zuwa ƙeya don madogarar kai, zuwa gwiwar hannu don tebur. Abin da ake nema ƙugu, gwiwa da idon sawu kowanne ya yi kusurwar digiri 90, in jikin yaron ya yarda. In gaɓa ta riga ta ƙage ba ta kaiwa, kujera ce za ta bi yaron, ba a danne shi ya bi ta.

Wannan awo aikin mai gashin ƙashi ne, kuma akwai sashensu a Asibitin Koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello da ke Shika. A je da takarda, a roƙa a rubuta awon da zanen, a kai wa kafinta. Kafintocin da muka duba aikinsu suna bin takarda sau da ƙafa in an ba su, kuma wannan abin yabo ne a gare su. Batun girman yaro kuma yana da magani mai arha: a huda ramuka a gefunan kujerar, tazarar inci 1 tsakanin kowane biyu, a ɗaure jingina da matakin ƙafa da noti mai kunne wanda ake kwancewa da hannu. Yaro ya ƙara tsawo, a matsa da jingina baya rami ɗaya, a sauke matakin ƙafa rami ɗaya. A faɗi kuma a yi kujerar da ɗan sarari, a cike da matasan soso masu cirewa a gefen ƙugu. Da haka kujera ɗaya takan yi shekara biyu ko fiye. Ba duk shago ke yin ramukan da kansa ba, sai an ce a yi.

Bel shi ne abin da ya fi damun mu, kuma a kansa ba ma sassautawa. Yadda aka saba, kafinta yana buga igiyar a jikin jingina, ta zagayo cikin yaron daidai cibiya, kamar yadda ake ɗaure kaya. Wannan ba ya riƙe ƙugu ko kaɗan. Yaro yana sulɓewa ta ƙarƙashinsa, bel ɗin ya hau ƙirji, in babu kowa kusa ya kai wuya. Yaron da ba ya iya ɗaga kansa ba zai iya ceton kansa daga wannan ba, wani ma ba zai iya kuka a ji ba. Ko bai kai haka ba, matse ciki bayan an ci abinci yana jawo amai da tumbuɗi. Bel na gaskiya daga jikin mazauni yake tasowa, ta gefe da gefe, ɗan gaba da inda mazauni ya haɗu da jingina, ya hau ta saman cinyoyi ƙasa da mara, ya danne ƙashin ƙugu ƙasa da baya. Faɗinsa inci 1 da rabi zuwa 2, da ɗan soso a inda yake taɓa ƙashi. In an ɗaure, yatsu biyu a kwance su shiga, kada hannu ya shiga. A kafa shi da noti da washa, wato ɗan zoben ƙarfen da ake sawa ƙarƙashin noti, don ƙusa tana yaga igiyar. Makullin roba irin na jakar makaranta, wanda ake dannawa ya buɗe, ya fi maɗaurin nan mai mannewa irin na takalmin yara, wanda ƙurar hunturu da zaren tufafi ke cikawa ya daina kamawa. Maɗaurin ƙirji kuma, in mai gashi ya ce a sa, ba a taɓa ɗaura shi sai an fara ɗaura na ƙugu, kuma bakinsa na sama ya tsaya nesa da maƙogwaro.

Akwai guntun katako da ake sawa tsakanin ƙafafu don yaro mai harɗewa. Wurinsa tsakanin gwiwoyi ne, a bakin mazauni, a naɗe da soso. Wasu kafintoci suna matso da shi ciki har matsematsi, da tunanin zai hana sulɓewa. Yana hanawa, amma duk nauyin yaron a kan al'aurarsa yake sauka, ga zafi ga rauni, kuma zafin yana ƙara masa sandarewa. In an ga haka a sa a cire a mayar gaba.

Ga yaron da kansa ke faɗowa gaba, kafinta yakan ba da shawarar a kwantar da jingina. Kada a yarda da wannan shi kaɗai. In jingina ta kwanta mazauni yana nan a miƙe, kusurwar ƙugu ta buɗe, mai banƙarewa ya samu abin da yake nema, ya tura da ƙeya da diddige ya zame. Abin da ake yi shi ne a kishingiɗar da kujerar gaba ɗayanta, mazauni da jingina tare, kamar digiri 10 zuwa 15. A kujerar da gindinta ya kai santimita 40, ɗaga gaban da santimita 7 zuwa 10 ya ba da haka. Da zarar an yi wannan, dole a tsawaita katakon gindin ta baya, aƙalla taƙi ɗaya, in ba haka ba banƙara ɗaya mai ƙarfi za ta kifar da kujerar da yaron ciki, ƙeyarsa a siminti. A gwada tun a shago: a tura saman jinginar baya da ƙarfi, a ga ko gaban zai tashi. Madogarar kai ta tallafi ƙasan ƙeya, kada ta yi kaurin da za ta tura kan gaba.

Soso da leda su ne inda ake rage kuɗi a ɓoye. A danna soson da babban yatsa. In an ji katako a ƙasa, ba zai yi wata uku ba. A nemi mai tauri, kaurin inci 2, ko da za a saya da kai a kasuwar Sabon Gari a kai musu. Ledar kujera tana da amfani don ana goge ta, amma a zafin Maris da Afrilu yaro yana jiƙewa da zufa a kanta, ƙuraje su feso masa a baya da cinya, da hunturu kuma mai arhar tana tsagewa. A ɗinka mata riga biyu na atamfa ko wani yadin auduga, ana wanke ɗaya ana sa ɗaya. A duba ɗinkin ledar ya koma ƙasa ko baya, don fitsari ta ramin allura yake shiga soso, kuma in ya shiga warin ba ya fita.

Teburin gaba suna yin sa da kyau. A yanke shi da lanƙwasa ya zagaye cikin yaron da tazarar yatsu biyu, tsayinsa daidai gwiwar hannu, da ɗan baki a gefuna don kada cokali da abin wasa su riƙa faɗuwa. Kada a yi masa fentin mai. Yara da yawa suna cizon bakin tebur, miyau yana zuba a kai, kuma wasu fentin mai suna ɗauke da dalma. A lulluɓe shi da fomeka, ko a bar shi da banis a shanya a iska har warin ya tafi sarai.

Mu'amalar kafintocin ba laifi. Mako guda ya ishe su in an biya kuɗin kaya, sai dai gab da sallah ko lokacin bukukuwa, da aikin gado da kabad ɗin amare ke danne komai. Suna karɓar gyara ba tare da ɓata rai ba, kuma mun ga inda ake shimfiɗa wa uwa tabarma a inuwa, a kori yaran unguwa da suka taru kallo. Wannan ba ƙaramin abu ba ne ga matar da ta sha jin ana ce wa ɗanta ɗan ruwa. Shawararmu a yi gwaji sau biyu: na farko kafin a naɗe soso da leda, lokacin da rage inci 1 aikin minti 10 ne da zarto, na biyu ranar karɓa. Suna kuma yin abin tsayar da yaro, katako mai maɗaurai a gwiwa da ƙugu da ƙirji. Shi kada a ba da odarsa sai da izinin mai gashi, don sai an san halin da ƙashin ƙugu yake ciki.

Ko kujerar ta fito daidai, amfani da ita yana da ƙa'ida. A fara da minti 15 zuwa 20, a cire yaron, a duba mazaunai, ƙasan ƙashin baya, allon kafaɗa, bayan gwiwa da diddige. A baƙar fata wurin da ya matsu ba lallai ya yi ja ba. Yakan yi duhu fiye da kewayensa, ko ya yi ɗumi, ko tauri. In alamar ba ta ɓace cikin rabin awa ba, akwai inda kujerar ke ci masa, a gyara kafin ya zama gyambo. In komai lafiya a riƙa ƙara lokaci, amma kada ta zama wurin ajiye shi daga safe zuwa la'asar. Bayan awa ɗaya ko biyu a sauke shi, ya yi rub da ciki, ya kwanta ta gefe, a miƙar masa da gaɓɓai. Gwiwa da ƙugun da ke wuni a lanƙwashe ƙagewa suke yi.

Wajen ciyarwa ne kujerar ta fi nuna amfaninta. Yaron da ake ɗura wa kunu yana kwance a cinya kansa a baya, kunun yana iya bin hanyar iska, kuma wannan na cikin abin da ke kawo musu ciwon huhu a kai a kai. A kujera, mai ba shi ta zauna a gabansa daidai idonsa ko ɗan ƙasa, don in ta tsaya a kansa zai ɗaga haɓa ya bi cokalin. Haɓa ta ɗan sunkuya, cokali ƙarami, a jira ya haɗiye kafin na gaba. Kunu mai ɗan kauri ya fi tsararo sauƙin sarrafawa a bakinsa. Bayan ya gama a bar shi a zaune kamar rabin awa. Mai farfaɗiya kuma kada a bar shi a ɗaure babu babba kusa, kuma duk mutanen gida, har yayyensa, su san yadda ake buɗe makullin.

Akwai inda aikin kafinta ya ƙare. Yaran mataki na 4 da na 5 su ne suka fi haɗarin gocewar ƙashin ƙugu daga gurbinsa, kuma yana gocewa ne a hankali, ba tare da an lura ba. In ana jin wuyar buɗa cinyoyinsa wajen tsarki, ko yana kuka in an taɓa, ko gwiwa ɗaya ta fi ɗaya gaba in ya zauna, hoton ƙashi ake bukata, a Shika ko Asibitin Ƙashi na Dala a Kano, ba ƙarin soso ba. Haka yaron da bayansa ya riga ya karkace sosai, jingina miƙaƙƙiya ba za ta karɓe shi ba. Kujerar kuma ta cikin gida ce. Wasu suna sa a ɗaura mata ƙananan tayoyi, suna yi a kan siminti, amma a ƙasar tsakar gida ko bakin kwata cijewa suke yi, in kuma babu birki ƙannensa za su mayar da ita mota. Ba ta maye gurbin keken zuwa makaranta ko asibiti.

Ranar karɓa a tafi da yaron, da takalminsa, da takardar awon, da kofin kununsa. A zaunar da shi, a tura mazaunansa har jingina, a ɗaura bel ɗin ƙugu, a sa yatsu biyu a bayan gwiwa a ji ko sun shiga, a duba tafin ƙafafunsa duka biyu sun kwanta a mataki. Sai a ba shi kunun a nan cikin shagon, a zauna minti 20 ana kallo. In ya zame ko ya karkata, a nuna wa kafinta wurin tun zarto yana hannunsa. Bayan wata 6 a sake awon, a matsar da noti.